Baitin da Aka Bar wa Mai Wanki

Zuwa ga Kakata,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ya ƙafar taki, ya kuma zafin nan da ya ƙi ƙarewa? Mu nan lafiya lau. Mai jego tana gaishe ki. Jaririya ta cika kwana goma sha biyu, duk wanda ya gan ta sai ya ce bakinki ta ɗauko. Tunda kin ce waya tana sa miki ƙaiƙayin kunne, ga takarda na ba direban motar safe ya kawo miki.

A gidan rediyonmu an ɗora min shirin tunawa da Mai Hadari, mawaƙin nan da ake cewa yana kiran ruwan sama da waƙa, don bana ya cika shekara arba'in da rasuwa. Ina binciken tsofaffin kaya a ɗakin ajiya sai na ci karo da kaset mai muryarsa, kuma da alama shi kaɗai ne a duniya. Ina so in saka shi a shirin ranar Asabar.

Umma ta ce ke kike masa wanki. Don Allah ki rubuto min abin da kika sani, amma gaskiya zalla. Ban da irin labarin da kika ba ni ina ƙarami, cewa kada ya taɓa goya ki ya tsallakar da ke kogi.

Ki huta lafiya.
Jikanki

*

Zuwa ga maigidana da ya gudu birni ya bar ni,

Wa alaikumus salam. Na karanta takardarka sau biyu, na farko don in ji labari, na biyu don in nemo inda ka ce ka yi kewata. Ban gani ba. Ka gaishe da 'yar ƙwacen nan da ta ɗauke min kai, ka ce ina mata sannu da jego. Maganar kada kuma, ai ba ka wurin.

Shekara goma sha tara ina wa Mai Hadari wanki. Kada ka zana shi a ranka wani dogo mai kwarjini. Gajere ne, ko kafaɗar kakanka bai kai ba, ga tari, ga rigunansa uku kacal, kowace da tabon tawada a aljihun hagu wanda ya cinye min sabulu da ƙarfin hannu. Ɗakinsa yana saman shagon kafinta, tabarma ɗaya, fitila, sai tulin takardu da ya danne da dutse. Rufin yana yoyo bai taɓa gyarawa ba. Na yi masa magana, ya ce ba ya jin daɗin ya kira abu sannan ya hana shi shiga.

Amma in ya hau rufin rumbun hatsi ya buɗe baki, wallahi ko yanzu da nake rubutu tsigar jikina tashi take. Ba ya ɗaga murya. A hankali yake farawa, kamar mai lallashin yaro. Tsuntsaye ne suke fara yin shiru. Sai ka ji ƙamshin jiƙaƙƙiyar ƙasa alhali sama fes take, babu ko ƙyallen gajimare. Sai iska ta zo ta ƙasa-ƙasa tana taɓa idon sawu. Kafin ya kai rabin waƙa gari ya yi duhu, manyan maza suna tsaye baki buɗe ruwa yana shiga.

Ba ruwa kaɗai ba. Ranar gobarar kasuwar katako, da idona na ga ya tsaya a bakin titi yana waƙa, iskar da ke tura wuta cikin unguwa ta juya ta koma fili kamar akuyar da aka ja da igiya. Ya taɓa riƙe ƙanƙara a sama har manoma suka gama kwashe amfani. In an yabe shi sai ya ce baiwa ce Allah Ya ajiye a maƙogwaronsa, shi mai gadi ne kawai. Bai taɓa karɓar komai a kanta ba, aikin rubuta wa mutane wasiƙa yake yi a ƙofar gidan waya.

To saurara, nan ne maganar take. Ruwansa iyakar inda muryarsa ta kai yake sauka. Akwai layin masu gyaran keke, nan muryar take ƙarewa, sai ka ga rabin titi sharkaf, rabi ƙura. Shi ya sa har ya mutu bai yarda an sa masa lasifika ba. Wani ɗan jami'a ne ya ɓoye na'ura a cikin riga ya ɗauki wannan kaset ɗin, da Mai Hadari ya ji labari, ya yi sati yana fushi da kowa.

Kada ka saka kaset ɗin nan a rediyo. Abin da ke ciki kira ne kawai, babu sallama. Yadda ake tsayar da ruwan kuwa, sai ka kawo min jaririya na gani sannan ka ji.

Allah Ya yi maka albarka, ko da yake ba ka cancanta ba.
Matarka ta fari

*

Zuwa ga Kakata,

Assalamu alaikum. Ina fata kina lafiya. Kaka, na yi laifi.

Takardarki ta iso ranar Juma'a. Na karanta wa abokan aiki, muka yi ta dariya, shugaban sashe har ya ce a ba ki fili kina ba da labari duk mako. Na ɗauka irin ta kada ce. Ranar Asabar da ƙarfe huɗu na saka kaset ɗin.

Muryar ƙarama ce, har da tarin da kika faɗa. Yana cewa:

Taso, baƙon da ba ya sallama,
ƙasa ta shimfiɗa maka bayanta,
taso, mun buɗe, mun buɗe.

Ɗakin watsa shiri ba shi da taga, iska ba ta shiga. Amma ni da injiniya muka ji ƙamshin ƙasa a ciki, takardun da ke kan tebur suka fara motsi. Injiniya ya cire abin kunnensa ya ajiye, ya dube ni. Da muka fito, mutane sun cika titi suna kallon sama. Ban taɓa ganin hadari irinsa ba, baƙi ƙirin, yana juyawa a hankali a kan ƙarfen eriyarmu kamar ana dama shi.

Yau kwana huɗu bai ɗauke ba ko na minti ɗaya. Masu hasashen yanayi sun ce ba su ga ta inda ya shigo ba. Direba ya rantse min cewa a hanyar arewa, daidai inda rediyon motarsa yake fara shuu, nan kwalta take a bushe. Ranar farko mutane murna suke yi, ana ta kiran waya ana sa min albarka. Yanzu an daina.

Kin san unguwarmu a bakin kogi take, katanga ce kawai tsakaninmu da shi. Ruwa yana hawa kullum. Na sake sauraron kaset ɗin ni kaɗai da abin kunne har ƙarshe, babu komai bayan kiran sai ƙarar ruwa. Don Allah ki faɗa min yadda ake tsayar da shi.

Jikanki mai neman afuwa

*

Zuwa ga mai kunnen ƙashi,

Na amsa sallamarka don dole. Shekara talatin kana yarda da ƙaryata, rana ɗaya da na faɗa maka gaskiya ka kai ta ofis aka yi dariya. Nan ma ruwan ake yi, kajin maƙwabciyata sun koma kwana a kan gadonta.

Ga abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba, har kakanka, Allah Ya jiƙansa. Mai Hadari ba ya iya tsayar da ruwan da ya kira. Ni nake tsayarwa.

Farkon abin, ina da shekara ashirin da biyu, na shanya zannuwan gado na asibiti guda arba'in, sai ga ruwansa kwana uku a jere. Na hau benen kafinta da jiƙaƙƙen zane a hannu na jefa masa a kan takardunsa. Na wanke shi tas, na ce in shi waƙa ce abincinsa, ni rana ce nawa. Na same shi zaune ya yi zuru-zuru, ashe tun jiya yake rera baitin sallama ruwan ya ƙi ji. Ya faɗa min dalili: ruwa ba kalma yake saurare ba, zuciya yake saurare, shi kuwa ko yana cewa tafi, ransa yana cewa zauna. Ya dube ni ina huci, sai ya ce, “Ke kuwa da gaske kike.”

Nan take ya koya min baitin, layi shida. Na fita tsakar titi na faɗa da duk haushin da ke cikina. Jikana, sama ta tsage a kaina kamar an yaga ƙyalle, rana ta faɗo min a fuska. Sai da na zauna a cikin taɓo ina kallonta.

Daga ranar ya zama ƙa'idarsa, ba ya hawa rufin rumbu sai ya biyo ta wurin wankina ya tambaya ko ina da shanya. In na ce babu, sai ya ce a bari sai gobe. Yana so ya tabbata akwai abin da zai sa in ji haushi. Gari yana ta yi masa kirari, ni kuma ina bayan gida wajen igiya ina korar abin da ya kira, ba wanda ya sani.

Gobe da safe zan fita in gwada. In sama ta buɗe a kan gidana, zan aiko ka turo mota ta kai ni gidan rediyonku, don sallama sai ta kai inda kira ya kai.

Ka kwantar da hankalin mai jego.
Kakarka

*

Kaka,

Assalamu alaikum. Ki yi haƙuri da gajartar gaisuwa, a tsaye nake rubutu.

Yau kwana bakwai. Ruwa ya shiga gidanmu har gwiwa. An kwashe mu zuwa benen makarantar firamare, iyali tara a aji ɗaya, mun jera tebura mun yi gado. Mai jego da jaririya suna kusa da allo, inda ba ya yoyo. Masu kula da katanga sun ce saura taƙi ɗaya kogi ya haura, in ya haura kuwa unguwar gaba ɗaya ta tafi, kuma akwai tsofaffin da suka ƙi fita.

Shugabanmu ya daina dariya, ya ba ni motar ofis da direba, suna jiran kalma ɗaya daga gare ki. Kwana biyu ke nan ina tsayawa a tasha ina jiran takardarki. Lafiya kuwa? Kin gwada?

Jikanki

*

Zuwa ga jikana,

Wa alaikumus salam. Yau babu tsokana, ka karanta da kyau.

Na gwada. Shekaranjiya na fita tsakar gida na faɗa, jiya ma na faɗa sau uku. Ko layi ɗaya ban manta ba. Ruwan ko gezau. Na ce ko don ba ni da shanya ne, na kwaso zannuwana masu tsabta na rataya a igiya don in ji haushi. Na tsaya ina kallonsu suna jiƙewa, sai na kama kaina ina murmushi.

Kunya ce ta hana ni rubuto maka. Ruwan nan nasa ne, na gane shi tun ɗigon farko. Yana da yadda yake sauka a kan kwano, uku a hankali, ɗaya da ƙarfi, daidai yadda yake jan numfashi in yana waƙa. Shekara arba'in ina jin ruwan sama iri-iri, ban ƙara jin wannan ba. Ranar da ya rasu rani ne, aka ɗauke shi cikin rana tsaka, ni ina bakin rijiya da rigarsa ta uku a hannu, ban san ma ya cika ba sai da kafinta ya zo ya ce in bar wankin haka. Yanzu ga shi kwana takwas yana min magana a kan rufi. Bakina yana cewa tafi, kai ka san sauran. Ciwon da na warkar masa shi ya kama ni da tsufa.

Na san jinina yana kwance a kan teburin 'yan makaranta. Na faɗa wa zuciyata haka, na zage ta, ta ƙi. Don haka kada ka turo mota. Ga baitin:

Ka sha, mun sha, ƙasa ta ƙoshi,
ɗauki takalmanka, baƙo,
ga hanya nan ta yamma.
Muna da shanya, muna da yara,
tafi ka bar mu da kewa,
ma kira ka in mun bushe.

Kada kai ka karanta. Na ga yadda ka rubuto min labarin hadarin nan yana juyawa a kan eriyarku, har yanzu mamakinsa bai sake ka ba, wani ɓangare na ranka yana jin daɗi kai ka jawo shi. Kada kuma ku ba mai karanta labaranku mai zaƙin murya. Ka ba matarka. Macen da take da jaririyar sati uku, da tsummokin da suka yi kwana takwas ba su bushe ba, ita ce mai wannan aikin. Kada ka lallashe ta kafin ta shiga. In da hali ma ka ɓata mata rai.

Ban taɓa rubuta baitin nan a takarda ba sai yau. Ku yi sauri kafin in aiko a karɓo min abina.

Kakarka

*

Zuwa ga Kaka,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki da girmamawa, ya jiki, ya sanyi? Ni ce 'yar ƙwace. Jikanki ya ce in rubuto da hannuna.

Ni dai ban san waƙa ba, ko a makaranta ba na son ta. Da ya zo da takardarki ina matse tsumma a bokiti, ya ce in tashi mu je gidan rediyo. Na ce ba inda za ni. Sai ya ce wai dama ya san ba zan iya ba, kuma in an duba ruwan nan yana da kyaun kallo. Kaka, ban san lokacin da na saɓa jaririya na riga shi shiga mota ba. Sai a hanya ya faɗa min ke kika sa shi.

Suka zaunar da ni gaban abin magana, injiniya ya ce in sassauta murya. Ban sassauta ba. Na tuna katifata da ke yawo a tsakar ɗaki, da tarin da yarinyar nan ta fara, da tsohuwar layinmu da ta ƙi fita, na faɗi layi shidan nan kamar ina korar ɓarawo.

Da na kai ƙarshe sai na ji wani abu ya ɗaga daga kan ginin, kamar an sauke wa mutum kaya daga ka. Shiru ya sauka har kunnena yana ƙara. Muka fito waje. Hadarin ya tsage daga tsakiya, yana naɗewa yana yin yamma, rana ta zubo a kan rufin gidaje suna ta hayaƙi. Mutane dubbai a kan titi suna kallon sama. Ni kaina sai da na ji tsoron bakina.

Kogi ya tsaya saura yatsa uku. Yau ya fara ja baya, katanga tana nan, ba a rasa kowa ba. An kulle kaset ɗin a akwatin ƙarfe.

Jikanki yana leƙen takardar nan, wai in tambaye ki ko son Mai Hadari kike yi. Na ce ba ruwana, amma ga shi na rubuta.

Taki,
Mai jego

*

Zuwa ga 'yata mai jego,

Wa alaikumus salam. Daga yau na daina ce miki 'yar ƙwace, na bar miki shi halak malak, dama ya fara tsufa.

Na ji ki a rediyon maƙwabciya. Kin ci layi na huɗu da sauri, amma ko ni a zamanina ban kai ki masifa ba. Ina zaune a bakin ƙofa ya ɗauke. Ya yi uku a hankali, na jira na ƙarfin, bai zo ba. Maƙwabciya za ta ce miki na yi kuka, kada ki yarda, matar nan ba ta gani sosai.

Ki riƙe baitin da kyau, naki ne yanzu. Ki shafa wa yarinya man zafi a ƙirji saboda tarin.

Shi kuma mai leƙen takardar mutane, ki ce masa kakansa mutumin kirki ne, na zauna da shi lafiya har Allah Ya raba. Wancan kuwa rigunansa kawai nake wankewa. Guda uku ne, shekara goma sha tara, kuma ban taɓa bari wata ta wanke ko ɗaya ba.

Ku huta lafiya.
Kaka